Tsohon nan mai sa 'yan besbol durƙuso, wa ya san tarihinsa?

Malamin_Wasanni (Gusau):
Assalamu alaikum jama'a. Na san nan ƙwallon ƙafa aka fi tattaunawa amma ku yi haƙuri da ni yau. Jiya da dare an ɗauke wuta, zafi ya hana barci, ina ta latse-latsen waya sai na faɗa kan wani bidiyo na wasan nan na Amurkawa da ake dukan ƙwallo da kulki, besbol. Wani tsoho ne baƙi siriri, ya sa wani ƙaton saurayi ya durƙusa gwiwa biyu gabansa, yana ta dungura masa ƙwallo a ƙasa shi kuma yana cafewa da hannu ɗaya, dama, hagu, tsakiya, ba hutu. An rubuta sunansa Ron Washington, kuma wai shi kansa lokacin da yake wasa ba wani tauraro ba ne. To nan ne abin ya taɓa ni. Ni ina horar da yaran unguwa da yamma a filin wata firamare nan Tudun Wada, shekara shida ke nan ba ko sisi, sai satin da ya wuce uban wani yaro ya tare ni gaban yara ya ce wai ni wane kulob na taɓa yi wa wasa da zan ajiye ɗansa a benci. Wallahi na rasa amsa don gaskiya ban wuce gasar makarantu ba. Akwai wanda ya san labarin tsohon nan? Da gaske ne bai yi suna ba kafin ya zama koci?

Injiniya_BK (Birnin Kebbi):
Wa alaikumus salam Malam. Ka taɓo min inda yake min ƙaiƙayi. Na yi karatu a Texas daidai lokacin da mutumin nan yake riƙe da kulob ɗin Texas Rangers, ko ba ka son wasan sai ka san shi saboda ko'ina maganarsa ake, har wanda muke haya gidansa in ana wasa ba ya amsa gaisuwa.

Gaskiya ne bai yi suna ba. An haife shi 1952 a New Orleans, Kansas City Royals suka ɗauke shi 1970, amma sai 1977 ya fara leƙa babbar gasa da Dodgers, wasa 10 kacal aka mayar da shi ƙasa. Ƙasa ɗin nan ƙananan gasanni ne, albashi ba yabo ba fallasa, tafiyar dare cikin bas daga wannan ƙaramin gari zuwa wancan. Bai sake dawowa sama ba sai 1981 da Minnesota Twins, ya zauna har 1986, yawanci ɗan cike gurbi ne, duk inda wani ya ji ciwo a tura shi. Daga nan Baltimore, Cleveland, Houston, shekara ɗai-ɗai, 1989 ya gama da babbar gasa. A duk kakannin nan 10 sau 20 kawai ya doka ƙwallo ta fice daga fili, alhali manyan 'yan wasa suna yin 40 a kaka ɗaya.

Bari in ɗan bayyana aikinsa don ka gane durƙuson. Filin yana da tasha huɗu, tsakanin kowace da kowace ƙafa 90, wajen mita 27. In mai kulki ya doki ƙwallo sai ya zura da gudu zuwa tasha ta farko, a daƙiƙa huɗu da 'yan kai ya isa. Akwai mutum huɗu masu tsaron cikin fili, su ne za su tare ƙwallon su jefa ta riga shi isa. Ƙwallon kuwa tauri gare ta kamar dutse, tana iya zuwa da gudun da ya haura kilomita 150 a awa tana tsalle-tsalle a ƙasa kamar fara. Washington ɗaya daga cikin huɗun nan ne, ya fi tsayawa tsakanin tasha ta biyu da ta uku inda ƙwallo ta fi yawan bi. Abin da ya sa yake durƙusar da su, so yake ya cire ƙafa daga lissafi tukuna, ya rage ido da hannu kawai, yaro ya koyi karanta tsallen ƙarshe da ƙwallo za ta yi kafin ta shiga safar hannu, don a nan ne take yaudarar mutum. In hannu ya zauna sai a miƙe tsaye a ƙara nisa, sannan ya ɗauki wani siririn kulki yana bugo musu. Kullum kafin wasa, kuma ka tuna wasa 162 suke yi a kaka.

Ɗan_Ƙaura (Ƙaura Namoda):
To Injiniya duk mun ji, amma kofi nawa yac ci? Ni hwa ban yarda da wanga zance na wai wanda bai iya ba shi ka koyarwa. Ku dubi Keshi, ya ɗauki kofin Afirka shina kyaftin 1994 ya dawo ya ɗauka shina koci 2013, yaro na ganinai ya san ba a yi mai gardama. Malam ka yi haƙuri ba da kai nike ba, amma uban yaron ga bai yi ƙarya duka ba, yara na son su ga wanda yat taɓa yi. Kuma mi ya kai mu ga wasan da sai ɗaya na dare aka fara shi, ga tsadar data.

Injiniya_BK (Birnin Kebbi):
Hhhh Ɗan Ƙaura ka fama min tsohon miki. A matsayin babban koci bai ci ba, wannan gaskiya ne. Ya riƙe Rangers daga 2007 zuwa 2014, ya kai su wasan ƙarshe na World Series sau biyu a jere, wato karawar cin kofi da ake yin wasa har bakwai, wanda ya fara cin huɗu ya ɗauka, kulob ɗin da bai taɓa zuwa can ba kafin shi. 2010 San Francisco Giants suka doke su 4-1, wannan ba ta yi zafi ba. Ta 2011 da St. Louis Cardinals ita ce har yau in na tuna sai na ji wani iri. Wasa na shida, suna gaba da 7-5, saura jifa ɗaya tak mai kyau da mai kulki zai kasa dokawa su ɗauki kofi, wani David Freese ya doka ta wuce kan mai tsaron baya aka farke. Aka shiga ƙarin lokaci suka sake wucewa 9-7, aka sake zuwa saura jifa ɗaya, aka sake farkewa, ƙarshe Freese ɗin nan dai ya gama da su 10-9. Wasa na bakwai kuma suka sha kashi. Mai gidanmu kwana biyu bai fito ba. Da Washington ya karɓi Los Angeles Angels yana da shekara 71, kakar 2024 sun ci 63 an ci su 99, ba abin a faɗa.

Amma tambayar Malam kan koyarwa ce, kuma a nan ba a ja da shi. Shekara 11 ya yi yana mataimaki a Oakland daga 1996, akwai Eric Chavez da ya ci kyautar safar zinariya ta gwanin tsaro sau shida a jere, ya ɗauki ɗaya sukutum ya kai wa Washington ya ce ba don kai ba da ban samu ba. Wanda ya fi burge ni Marcus Semien, a 2015 ya yi kuskure 35, ya fi kowa a gasar, ana ta cewa a canza masa wuri bai iya ba. Oakland suka dawo da tsohon musamman saboda shi, shekara mai zuwa kuskuren ya sauko 21, a 2021 kuma yaron nan ya ci safar zinariya. Kofin ma ai ya samu daga baya, 2021 da Atlanta Braves yana mataimaki, yana da shekara 69. Ni a nawa ganin wanda baiwa ta ɗauke shi sau da yawa bai san yadda yake yin abin ba, hannunsa ne kawai ke yi, in ka ce ya koya maka sai ya ce kai dai yi haka. Wanda ya yi shekara goma yana fafutukar kar a kore shi kuwa komai sai da ya warware shi zare-zare kafin ya iya, shi ya sa yake da abin faɗa wa yaro.

Kawu_Argungu:
Injiniya Allah shi biya ka, mun ƙaru. Ɗan Ƙaura ɗana, zo nan Argungu lokacin kokawa ka gani, wanda ka gyara ma yaro tsayuwa da inda zai sa hannu sau da yawa wani dattijo ne da ko garinsu ba a yi mai kirari ba, shahararren kuwa yana can makaɗa sun kewaye shi. Kowa da nashi rabo. Sai dai Malam kai ma kar ka ɗauka rashin suna shi ne takardar shaida, akwai dubu da ba su yi suna ba kuma ba su iya koyarwar ba. Tsohon nan da gwiwarsa ya saye, yana da shekara saba'in yana durƙuso cikin rana.

Kuma tunda ana zancen, akwai ɗan Afirka ta Kudu mai suna Gift Ngoepe, shi ma mai tsaron cikin fili ne, shi ne haifaffen Afirka na farko da ya buga babbar gasar, Afrilun 2017 da Pittsburgh Pirates, bayan ya kusa shekara tara a ƙananan gasanni. Mahaifiyarsa aiki take a wani kulob ɗin besbol a Randburg, a ɗan ɗakin da aka ba ta jikin filin ya tashi. Bai daɗe a sama ba, ya ɗan taɓa Toronto 2018, daga baya shi ma ya koma horar da matasa. Jikana ne ya nuna min shi a waya, ni ina ruwana da besbol.

Ɗan_Ƙaura (Ƙaura Namoda):
Kawu na bi, ba ni ja da ku. Amma dai saura jifa guda har sau biyu, wannan ko ni aka yi ma sai na bar garin.

Malamin_Wasanni (Gusau):
Na gode ƙwarai jama'a, Kawu Allah ya ƙara girma, maganarka ta biyu ta shige ni fiye da ta farko. Yau da yamma na gwada da masu tsaron gidana guda biyu, na shimfiɗa musu buhu suka durƙusa ina dungura musu ƙwallo tana tsalle gabansu, sauran yara suna ta dariya wai Malam ya sa su horo. Ƙaramin cikinsu sai da ta buge shi a haɓa sau uku sannan na lura ashe rufe ido yake yi in ta kusa, shekara biyu yana hannuna ban taɓa gani ba sai yau. Shi kuma yaron da ubansa ya yi min magana ya zo, har yanzu dai yana benci. Injiniya, ƙwallon tenis za ta yi wannan aikin ko ta cika tsalle? Don filin namu duk tsakuwa ne.