Me "fend" ke nufi a Ingilishi, kuma daga ina ta fito?

Ɗan Birni:
Assalamu alaikum. Ina shekara ta biyu a jami'ar André Salifou, nan Damagaram. Jiya wani abokina ya turo mini labarin wata jaridar Najeriya kan almajirai, a ciki an ce an bar yaran "to fend for themselves". Da yake da Faransanci na yi lakkol, sai hankalina ya tafi ga "fendre", na ɗauka faskaren itace ake nufi. Ƙanena ya yi shekara 3 yana karatun allo a Kano, kuma da faskare da ɗibar ruwa a gidajen mutane yake samun na kalaci, shi ya sa ban yi shakka ba da farko. Amma ƙamus na waya ya ce kare kai ne. Kare kai daga wa? Don Allah masana a warware mini.

Mushe na Zango:
Wa alaikumus salam, ɗana. Kamar sauti ce ta ruɗe ka. "Fendre" daga "findere" na Latin take, gidansu daban. Ita "fend" ba kowa ba ce illa "defend" da aka gutsure wa kai, kuma tun wajen shekarar 1300 ake ganin ta a rubuce. "Défendre" ɗin Faransanci da ka sani ce ta haye Ingila bayan Normandawa, mutanen arewacin Faransa, sun ci ƙasar a 1066. Tushen a Latin "defendere" ne, wato kaɗe bugun da aka kawo maka.

Yau wuri biyu za ka fi cin karo da ita. "Fend off" shi ne tare abin da ya taso maka, kare ne ko ɓarawo ko tambayar ɗan jarida. "Fend for oneself" kuwa, wadda ta bayyana a ƙarni na 17, ita ce ci da kai, mutum ya nemi na bakinsa ba mai tallafa masa. Na sha gaya wa ɗalibaina su tuna da "se débrouiller" ta Faransanci, wato mutum ya nema wa kansa mafita, amma ta Ingilishi ta fi ɗaci, don sau da yawa tana zuwa ne da "left to", an watsar da mutum ke nan.

Direban Matamaye:
Mushe, Allah ya ƙara sani. To "fenda" da makanikan Kano ke kiran ƙarfen da ke rufe saman taya fa?

Mushe na Zango:
Danginta ce, Alhaji, mai tare taɓo da tsakuwa. Haka "fence", shinge, daga "defence" aka yanke ta.

Ɗan Birni:
Na gode, Baba. Yanzu jimlar ta zauna mini. Ranar da na je ɗauko ƙanen nawa na same shi bakin wata rijiya da asuba, ƙafa duk kaushi, robar bara ɗaure a ƙugu da igiya. Shekarunsa 9 a lokacin. Ashe yunwa ce yake karewa. Na faɗa wa Inna fassarar da daddare, ta daɗe ba ta ce komai ba.