Wane suna za mu ba gajiyar da barci ba ya maganinta?

Salamu alaikum malamai da masu kishin Hausa. Kalma guda nake nema, kuma kwana tara gare ni. An ɗora mini yin jawabi a taron CAPED, wato zaman ƙara wa juna sani na malaman makaranta, na sashenmu nan Damagaram kan abin da masu Ingilishi ke ce wa burnout, Faransawa kuma su ce épuisement professionnel, aka ce in yi shi da Hausa. Wani dare na zauna da kaye da biro, na rubuta kan magana da Faransanci, sai na cije. Har shayi ya huce ban ƙara harafi ba. Abin da kunya: a garin nan aka buɗe makarantar gwaji ta farko mai koyarwa da Hausa tun 1973, a 2025 kuma aka ayyana Hausa harshen ƙasa, amma abin da ke cin rabin abokan aikina ba ni da sunansa.

Bari in nuna muku abin tukuna, don kada mu raɗa wa jaririn da ba mu gani ba suna. Akwai wata madam a lakwal ɗinmu, ajin CP gare ta, wato aji na biyu na firamare, yara tamanin da bakwai cikin ajin zana. Shekarun baya ita ce mai sayen alli da kuɗinta, ta san sunan kowane yaro har da na uwarsa. Wata safiyar Litinin cikin Afrilu na iske ta a ƙofar makaranta bisa moto, ta kashe inji, hannunta na kan kai, ba ta sauka ba. Na shiga, na sa hannu a rajista, na fito ɗebo ruwa, tana nan yadda na bar ta. Na ce, "Madam, lafiya?" Ta ce, "Lafiya lau, Mushe. Ƙafata ce ta ƙi." Ba zazzaɓi, ba rasuwa a gida. Yanzu in za ta kira yaro sai ta ce "kai mai jar riga". Rannan na ji ta ce wa ajin nata "waɗancan abubuwan", ita kanta sai da ta yi tsam da ta ji abin da ya fito bakinta.

Kalmar ta Turanci ba tsohuwa ba ce a wannan ma'ana. Wani masanin halayyar ɗan Adam a birnin New York, Herbert Freudenberger, shi ya yaɗa ta a 1974, bayan ya ga yadda masu aikin sa kai a wata likitar kyauta ke shigowa da zafinsu, shekara na zagayowa su koma kamar toka. Ya lura waɗanda suka fi ba da kansu ga aikin su abin ya fi kamawa. Daga baya Christina Maslach da Susan Jackson suka fito da ma'auninsa a 1981, har aka yi masa nau'i na musamman don malaman makaranta. A watan Mayun 2019 Hukumar Lafiya ta Duniya ta fayyace shi cikin kundinta na rarraba cututtuka, ICD-11, ta ce ba cuta ba ce, hali ne da matsin wurin aiki ke haifarwa in ya daɗe ba a magance shi ba. Alamunsa uku: ƙarfi ya ƙare, mutum ya janye zuciyarsa daga aikin har ya fara yi masa kallon banza, sannan abin da yake iya yi da kyau ya ragu. Kalmar da za mu zaɓa sai ta ɗauki ukun nan, kuma kada ta zagi mai abin.

Gajiya ce ta fara zo mini, ita na fara jefarwa. Gajiya a wurinmu abar gaisuwa ce. A ce maka "ina gajiya?", dole ka ce "ba gajiya", ko da ƙafarka ba ta ɗaukarka. A ce "ina aiki?", ka ce "aiki da godiya". Harshen da kansa ya riga ya shirya maka amsar musu. Ban da haka, gajiya tana bin lafiya: ka kwanta, ka tashi garau. Madam ɗin nan ta yi babban hutu na damina cur, ta dawo a Oktoba kamar ba ta je ko'ina ba.

Wani malamin kwaleji ya ce mu ɗauko hoton Turawa yadda yake, mu ce ƙonewa. Ban yarda ba. Ka ce wa Bahaushe "malamin ya ƙone", zai tambaye ka wace likita aka kai shi. Kuma mu da muke koyarwa cikin zana, bayan gobarar ajin da ta ci yara a Yamai cikin Afrilun 2021 da wadda ta ci fiye da ashirin a Maraɗi cikin Nuwambar shekarar, ba na son in tsaya gaban malamai in haɗa kalmar ƙonewa da aji a jimla guda don kawai in yi kwatance.

Gundura da ƙosawa sun taɓo alama ta biyu, amma ba su da nauyi. Tuwon dawa ma kan gunduri mutum. Galabaita da jigata na jiki ne, na wanda ƙishirwa ta kama a hanyar Tanut. Karaya ta fi kusa, har na ja mata layi biyu. Matsalarta, karaya farat ɗaya ce, kamar wanda aka kafe sakamakon jarrabawa bai ga sunansa ba. Wannan kuwa ɗiga yake yi, shekara da shekaru.

Akwai kuma wanda ya kawo mini shawarar mu ce mutuwar zuciya. Malam, ka yi haƙuri, da kai zan yi faɗa. Mai mataccen zuciya a Hausa shi ne ƙato lafiyayye da ke zaune a fada tun hantsi yana jiran a saya masa sigari. In muka sa wannan suna, mun ba kowane mai duba malamai sandar dukanmu. Malami ɗan kwantiragin da ke jiran kuɗin wata har wani watan ya shiga, yana kabu-kabu da yamma don ya cika kuɗin haya, yana gyaran kaye casa'in da fitilar salula, ga fargabar da ta zauna wa mutane tun jarrabawar tantance malamai ta 2017, wannan zuciyarsa ba mutuwa ta yi ba. An ja ta ne fiye da kima.

Yanzu dai ina jin na samu kalmar, amma ba daga littafi ba. Jiya na je Mirriya gaida Innata. Ba ta taɓa shiga aji ba, rayuwarta duk a garka ta yi ta. Ina ba ta labarin madam, ban ma gama ba ta ce, "Ɗan nan, ai ƙafewa ta yi." Na ce, "Inna, kamar yaya?" Ta ce rijiya tana da ido, idon yana kawo ruwa daidai ƙarfinsa. In masu ja suka fi ƙarfin idon, da fari ruwan zai yi ƙasa, a ƙara igiya. Sai ya fara zuwa da gurɓata. Wata rana a jefa guga a ji ƙwal, ya fito da laka. Ta ce, "Kuma daga baki ba ka ganewa, rijiya tana nan da kyanta."

Duk hanyar dawowa ina auna ta da alamun nan uku. Ruwa ya yi ƙasa: ƙarfi ya ƙare. Laka a guga: "waɗancan abubuwan" da ya fito bakin mutumiyar kirki. Garka ta bushe: yara sun kai ƙarshen shekara ba su haɗa baƙi. Abin da ya fi burge ni, ba wanda ke zagin rijiya don ta ƙafe. Ana duba yawan gugan da ke kanta ne, da rabon da a yashe ta. Rijiya mai daɗin ruwa kuma ita aka fi yi wa layi, daidai abin da Freudenberger ya gani. Mu mutanen Damagaram da muka tashi muna ganin jerin bido a bakin pampo da 'yan garuwa cikin bazara, ba sai an yi mana dogon bayani kan ƙafewa ba.

Saura abin da za a jingina ta da shi. Ƙafewar aiki ba ta yi ba, za a ɗauka aikin yi ne ya yi wuya a gari. Ƙafewar zuciya na iya komawa rashin tausayi. Na tsaya kan ƙafewar himma. Tana shiga magana ba tare da tuntuɓe ba: himmarta ta ƙafe, yana fama da ƙafewar himma, a rage masa aji kafin ya ƙafe. Ita kuma stress, wadda muke ta ce wa sitires, a bar ta a matsi, ko matsin aiki. Kada a ce damuwa, don an riga an ɗora wa damuwa kaya da yawa, har ciwon damuwa na likitoci a kanta yake. Matsi shi ne jan gugan, ƙafewa abin da ke biyo baya in ba a sassauta ba.

Wata malamar Hausa ta kawo gyara mai ƙarfi, na gode mata. Ta ce yawancinmu salularmu ba ta da ƙ mai lanƙwasa, za a rubuta "ya kafe", wato ya yi taurin kai, a mayar da mai neman agaji mai gardama. Gaskiya ne, shi ya sa ba zan yarda a riƙa rubuta ta ita kaɗai ba, sai da himma a gefenta. Himma dai ba ta taurin kai. Wani kuma ya ce himma ba ta ɗauko ciwon kai da rashin barci da tansiyo ba. Wannan na amsa laifinsa, zan faɗe su da baki a cikin jawabin.

Yau lokacin shan iska na gwada kalmar a kan madam, ban ce da ita nake ba. Ta daɗe tana kaɗa garin alli daga mayafinta, sannan ta ce, "Mushe, ranar taron ka ajiye mini wuri a gaba." 'Yan Maraɗi da Tawa, in akwai yadda tsofaffinku ke faɗar wannan hali, ku turo kafin Asabar, ban kai takardar wurin bugawa ba tukuna.