Me ya sa aka ƙi yarda da J Harlen Bretz kan ambaliyar Tafkin Missoula?

Ɗalibin Kabuga:
Assalamu alaikum malamai. A darasin ilimin duwatsu an ambaci Bretz, Ba'amurken da ya ce ambaliya ce ta sassaƙe gabashin jihar Washinton. Wace shaida ya gani, kuma me ya hana abokan aikinsa yarda?

Malam na Gwale:
Wa alaikumus salam. An haifi Bretz a Michigan a 1882, ya koyar a sakandare a Siyatil, sannan ya yi digirin digirgir a Jami'ar Shikago a 1913. A 1923 ya buga bincikensa. Abin da ya auna da ƙafarsa: manyan kwazazzabai busassu a cikin baƙin dutsen aman wuta, suna rabuwa suna sake haɗewa, tulin tsakuwa mai tsayin gomman mitoci, da gangaren Dry Falls mai tsayin mita 120 da faɗin fiye da kilomita 5, ba ko ɗigon ruwa a kansa. Kogi na yau da kullum kwari ɗaya yake ci a hankali, ba ya tsallake tudu ya faɗa kwarin maƙwabta. Nan kuwa ruwan ya haura tuddai da dama a tsayi ɗaya, wato a lokaci guda ya cika su.

Matsalarsa ita ce bai iya nuna inda ruwan ya fito ba. Ga shi masana a lokacin sun kafe kan cewa sannu a hankali ƙasa take sauyawa. A wani taron masana duwatsu a 1927 a birnin Washinton, babban birnin Amurka, manyan fannin suka yi masa ca.

Malama Mai Taswira:
Malam ya yi bayani, sai dai a ba Joseph Pardee, wani masanin duwatsu, haƙƙinsa. Tun 1910 ya yi rubutu kan tsohon Tafkin Missoula a Montana, wanda daga shi ne ruwan ambaliyar ya fito. Wani reshe na makekiyar ƙanƙarar da ta rufe ƙasa a zamanin da ne ya toshe Kogin Clark Fork a arewacin Idaho, ruwa ya taru har zurfin kusan mita 600 a bakin toshiyar, yawansa kimanin kubik kilomita 2,000. Ƙanƙara ba ta kai ruwa nauyi ba, don haka da ruwan ya kai wajen kashi 9 cikin 10 na tsayinta sai ta fara ɗagawa, ruwa ya kurɗa ta ƙasa, ramin ya yi ta faɗaɗa har katangar ta ruguje. Cikin 'yan kwanaki tafkin ya tsiyaye.

A 1942 Pardee ya bayyana kunyoyin tsakuwa na Camas Prairie, wani fili a Montana da tafkin ya taɓa rufewa, shaidar cewa ruwan ya fice da ƙarfi. Siffarsu irin ta layukan da ruwa ke bari a yashin Kogin Calawa ce, amma waɗannan wasu sun kusa mita 10 a tsayi. Wanda ke tsaye a kansu tuddai kawai zai gani, sai a hoton sama suke fitowa sosai.

Ɗalibin Kabuga:
Na gode Malama. To ta yaya ake gane tsohuwar gaɓar tafki a fili?

Malam na Gwale:
Auna tsayinta daga teku a wurare masu nisa da juna. Gaɓar tafki a miƙe take, tsohuwar gaɓar kogi kuwa tana gangarowa da kogin. Sannan ka haƙa: tsakuwa mai santsi da yashi tsararre a gaɓa, laka mai laushi shimfiɗa-shimfiɗa can ciki. Inda ake kuskure, ƙasar da ƙanƙara ta danne takan ɗago daga baya, sai gaɓar ta karkace, mai gaggawa ya ce ta kogi ce. Tudun Bama da ya ratsa Maiduguri tsohuwar gaɓar Tafkin Cadi ce, da shi za ka gwada hannu, amma ruwan sama ya cika wancan, ba ƙanƙara ba.

Bretz dai sai 1979 aka ba shi lambar yabo ta Penrose, yana da shekara 96. A 1980 Richard Waitt ya nuna ambaliyar ta auku kusan sau 40, Bretz kuma ya rasu a 1981.