Shekara mai kwana 360: muhawara kan kalandar Ƙasar Wata Biyu

Marubuciya, Agege: Assalamu alaikum. Labarin da nake rubutawa yana faruwa ne a wata duniya ta ƙage mai wata biyu, fari da ja. Farin yana kammala zagayensa cikin kwana 30, jan kuma cikin kwana 40, saboda haka duk bayan kwana 120 sukan cika a dare ɗaya, kuma a wannan daren ne kasuwar aljannu take ci. Haɗuwa uku ita ce shekara, wato kwana 360 cif, mako kuwa kwana goma ne. Ra'ayina shi ne, kalandar da lissafinta ya fita ba ragowa ita ta fi dacewa da duniyar sihiri, domin tana nuna cewa akwai wani ɓoyayyen tsari da yake riƙe da sama. Ina roƙon a auna mini wannan ra'ayi kafin in yi nisa.

Tsohon malamin makaranta, Idi-Araba: Wa alaikumus salam, 'yata. Lissafinki ya yi kyau, amma kyawun nasa ne ya sa ban yarda da shi ba. Mutanen Misira na dā su ma sun yi watanni 12 masu kwana talatin-talatin, sai dai tilas suka ƙara kwana biyar a ƙarshen shekara, kuma waɗannan kwanaki biyar ɗin su ne suka cika da tatsuniyoyin haihuwar allolinsu. Habasha har yau tana da ɗan ƙaramin wata na goma sha uku, Pagume, mai kwana biyar ko shida. A shekarar 1582 kuwa, da aka gyara kalandar Turawa, mutane sun kwanta ranar 4 ga Oktoba, suka wayi gari 15 ga wata. Duk inda mutum ya ƙirga kwana yakan bar tabon faci, kuma a wajen facin nan ne labari yake. Ke kin rufe wa kanki ƙofar da aljannunki za su shigo.

Malamin Islamiyya, Obalende: Allah ya gafarta Malam, ba kowace kalanda ce take da faci ba. Shekarar Hijira kwana 354 ce ko 355, ba a cusa mata wani wata don ta riski rana, kuma aya ta 37 cikin Suratut Tauba ta yi tir da jinkirta watanni da Larabawan jahiliyya suke yi. Abin da ya biyo baya shi ne tana gaza shekarar rana da kusan kwana 11, shi ya sa azumi yake zagaya bazara da damina da hunturu, ya komo inda ya faro bayan kimanin shekara 33. Sai dai manomin ƙasar Hausa bai taɓa yin shuka da ganin jinjirin wata ba. Malamanmu suna riƙe da lissafin taurari 28, kowanne kwana 13, ɗaya daga ciki kwana 14, jimilla 365, kuma da shi ake sanin lokacin shuka da na kaka. Ƙirga biyu ne a gida ɗaya, kowanne da aikinsa.

Ɗan kasuwar gwari, Mile 12: Ni damuwata makon nan ne mai kwana goma, Hajiya. Faransa ta gwada shi bayan juyin juya halinta, daga 1793, talakawa suka ƙi shi domin hutu sau ɗaya cikin kwana goma ya yi musu nisa, daga farkon 1806 kuma aka jingine kalandar gaba ɗaya. Masu masaukinmu Yarabawa makonsu na gargajiya kwana huɗu ne, haka ma Ibo da ranakun kasuwarsu, Eke da Orie da Afor da Nkwo. Wanda yake sayar da tumatir ya san dalili. Wace kasuwa ce za ta jira kwana goma kayan gwari ba su ruɓe ba?

Marubuciya, Agege: Alhaji, na karɓi wannan gyara, zan mayar da makon kwana biyar, tun da 30 da 40 duk suna rabuwa da biyar. Amma Baba, ban sauka daga kan 360 ba. Misira da Habasha sun yi faci ne domin ba su ne suka tsara tafiyar rana ba, ni kuwa a cikin littafina alƙalami yana hannuna, ina iya sa damina ta sauka duk bayan kwana 360 ba wanda zai tuhume ni.

Tsohon malamin makaranta, Idi-Araba: Kina iyawa, 'yata, amma ki dubi abin da za ki rasa. Ki bar wa masu tsafi watanninsu biyu da shekararsu ta 360, ki ba manoma taurarinsu da shekara mai kwana 365, kamar yadda Malam ya bayyana. Kowace shekara bikin bokaye zai riga damina da ƙarin kwana biyar, har ya kai ana yanka don roƙon ruwa a tsakiyar kaka, manoma suna dariya, bokaye suna cewa ƙasa ce ta yi saɓo. Ki ɗauki alƙalami ki gwada: 72 sau 365 daidai yake da 73 sau 360, duka 26,280. Ashe ƙirgan biyu za su sake haɗuwa sau ɗaya cikin shekara 72, kuma dattijon da ya ga haɗuwar da ta wuce yana yaro shi kaɗai zai iya faɗin abin da ya faru a wancan dare.

Marubuciya, Agege: Na buga lissafin, ya fita kamar yadda Baba ya ce. Ke nan har yanzu tsarin bai bar ragowa ba, jira ne kawai ya yi tsawo, don haka ban ga inda ra'ayina ya faɗi ba. Dattijon dai na ɗauke shi, amma tsohuwa zan mayar da shi.