Me ya sa 7-Eleven ba ta haɗiye Seicomart a Hokkaido ba?

Baban Khalifa:

Assalamu alaikum 'yan'uwa. Tambaya gare ni ga waɗanda suka san harkar kantuna a Japan. Manyan kamfanoni uku masu ƙananan kantunan unguwa, 7-Eleven da FamilyMart da Lawson, sun mamaye ƙasar kusan gaba ɗaya, sun saye ƙananan kamfanoni ko sun kore su daga kasuwa. Amma a tsibirin Hokkaido da ke arewa, Seicomart ce ta fi kowa yawan rassa, alhali a Tokyo da wuya ka samu wanda ya taɓa shiga shagonta. Daga ina ta faro, kuma me take yi da ya sha bamban? Son kayan gida ne kawai na mutanen yankin, ko akwai lissafin da ke ƙasa?

Malam Na-Kwari:

Wa alaikumus salam Baban Khalifa. Akwai lissafi, kuma daga asalin kamfanin ya samo tushe.

Reshen farko an buɗe shi a 1971 a unguwar Kita ta birnin Sapporo, wato shekara uku kafin 7-Eleven ta buɗe shagonta na farko a Tokyo a 1974. Wanda ya kawo tunanin shi ne Akihiko Akao, ma'aikaci a wani kamfanin sarin barasa. Matsalarsa a lokacin ita ce manyan kantunan zamani sun fara cinye cinikin ƙananan shagunan da ke sayen kaya a wurinsu. Ɗan sari kuwa in masu shago suka rufe, shi ma ya rufe. Sai ya shiga lallashin masu shagunan su sauya fasali, su ƙara abinci da kayan masarufi, su tsawaita lokacin buɗewa, shi kuma ya riƙa kawo musu kayan. Abin lura a nan shi ne kamfanin daga ɓangaren sari da dakon kaya ya taso. Sito da mota ya fara sani kafin ya san kanta.

Sai a dubi yankin. Faɗin Hokkaido ya kai murabba'in kilomita dubu 83, mutanenta wajen miliyan 5 ne, kuma kusan miliyan 2 daga ciki a Sapporo suke. Ragowar sun warwatsu a garuruwan masunta da na manoma, tsakaninsu tafiyar awanni, ga dusar ƙanƙara da ke toshe hanya wata da watanni. Salon 7-Eleven shi ne ta cika unguwa ɗaya da rassa kusa da juna, mota ɗaya ta zagaye su cikin ɗan lokaci, kuɗin dako a kan kowane shago ya sauko. Wannan salon yana aiki a Sapporo da Asahikawa da Hakodate, kuma tana da ƙarfi sosai a can tun shigowarta tsibirin a 1978. Amma garin da ke da mutum dubu biyu shago ɗaya kawai zai ɗauka, kuma yana iya zama kilomita hamsin daga na gaba. Kamfanin da ke biyan wani ya yi masa dako ba zai je can ba.

Seicomart ta je. Tana da rassa wajen 1,100 a Hokkaido, a kusan dukkan ƙananan hukumomi 179 na yankin, har da tsibiran Rishiri da Rebun da Okushiri waɗanda ake kai wa kaya ta jirgin fito. Yadda take cin riba a haka shi ne ta mallaki abin da ke bayan shagon: gonakin kayan lambu, masana'antun dafaffen abinci, kamfanin madara a garin Toyotomi can arewa, masana'antar askirim a Haboro, da rumbunan rarraba kaya da motocinsu. Kwalin madara ɗaya in an sayar da shi a ƙauye, masana'anta ta ci, sashen dako ya ci, shago ya ci, kuma duk aljihu ɗaya ne. Saboda haka reshen da a takarda kuɗin haya da albashi kawai yake mayarwa, in an haɗa lissafin gida gaba ɗaya riba yake kawowa, domin ya ƙara wa masana'anta aiki.

Motar ma ba ta komawa fanko. In ta sauke kaya a garuruwan arewa, sai ta ɗauko madara ko askirim ko amfanin gona ta dawo da su. Duk wanda ya san harkar dako ya san dawowa ba kaya shi ke kashe mai mota.

Misali ɗaya da ke nuna yadda suke tunani: manoman garin Tomamae suna noma malo, ɗan'uwan kankana mai launin lemo a ciki. Wanda ya ɗan karkace ko fatarsa ta yi tabo, kasuwar Japan ba ta karɓarsa, ko da zaƙinsa ɗaya ne da sauran. Kamfanin ya riƙa sayen irin wannan yana matse ruwansa yana yin askirim, kuma ya zama ɗaya daga cikin kayansa da aka fi sani. Manomi ya samu kuɗin abin da da zubarwa zai yi, kamfani ya samu kaya da araha.

Maman Ilham:

Malam Na-Kwari ya yi bayanin bayan shago, bari in ƙara da na cikinsa, domin nan ne mai saye yake ganin bambancin.

Tun 1994 suka fara abin da suke kira Hot Chef, wato kicin a cikin shagon kansa. Ana dafa shinkafa a tukunyar gas, a soya kaza, a dunƙula curin shinkafar nan da Japanawa ke kira onigiri, a jera da zafinsu. Manyan kamfanonin galibi daga masana'anta ake kawo musu abinci a sanyaye, sau biyu ko uku a rana, mai saye ya ɗumama. A garin da mota ba za ta iya zuwa sau uku ba, kicin ya fi dacewa, saboda ɗanyar shinkafa da daskararren nama suna jure ajiya, kuma ma'aikaciya tana dafa daidai abin da ta ga zai ƙare. Ranar da masunta suka fito da yawa ta ƙara, ranar da dusar ƙanƙara ta hana fita ta rage. Asarar abincin da ya kwana tana raguwa sosai. Wahalarsa ita ce ma'aikata: sai an samu mai girki tun da asuba, a horar da ita, a kiyaye tsafta da zafin mai, kuma in ta bar aiki a ƙauyen da matasa suka ƙaura, maye gurbinta ba wasa ba ne. Shi ya sa ba kowane reshe ke da kicin ba.

Sannan akwai ƙananan ledojin abinci na mutum ɗaya, kifi gasasshe ko ganye ko taliya, da suka daɗe suna sayarwa a kan yen ɗari da 'yan kai. Wannan an yi shi ne don tsofaffi masu zaman kaɗaici da kuɗin fansho, waɗanda su ne yawancin masu sayayya a ƙauyukan. A wurinsu shagon shi ne kasuwa gaba ɗaya, shi ya sa za ka ga ƙwai da kayan miya da nama fiye da yadda aka saba gani a irin waɗannan kantuna.

Gargaɗi ga ɗan'uwa Musulmi da zai je can: abincin Hot Chef da ya fi suna, katsudon, naman alade ne a kan shinkafa, kuma barasa na cikin manyan hajojinsu har yau. A duba kafin a ɗauka.

Batun lokacin buɗewa ma muhimmi ne. Mafi yawan rassansu ba sa kwana a buɗe. Da yawa daga ƙarfe shida na safe ne zuwa sha biyun dare, kuma tun 2018 fiye da rabinsu ke rufewa ranar farko ta sabuwar shekara. Ku tuna rigimar da ta tashi a 2019 lokacin da wani mai riƙe da reshen 7-Eleven a Higashi-Osaka ya rage awanninsa saboda rashin ma'aikata, kamfanin ya ce ya saɓa yarjejeniya. Seicomart ba ta shiga wannan tarkon ba, domin wajen kashi 80 cikin ɗari na rassanta kamfanin ne ke gudanar da su da kansa. Albashin dare da kuɗin wuta daga aljihunsa suke fita, don haka in ba ciniki da ƙarfe uku na dare, rufewa yake yi. Kamfani irin 7-Eleven kuwa, da kasonsa yake ɗauka daga ribar kaya kafin a cire albashi, shi ko mutum biyar ne suka shigo cikin dare ya ƙaru, mai shagon ne ke ɗaukar nauyin.

Injiniya Abu Safwan:

Ina ganin ba za a yi maganar kamfanin nan ba a ambaci 6 ga Satumba 2018 ba. Da misalin ƙarfe uku na dare girgizar ƙasa ta auku a gabashin yankin Iburi na Hokkaido, tashar wutar Tomato-Atsuma wadda ke ba da kusan rabin wutar tsibirin a lokacin ta tsaya, sauran tashoshin suka bi ta, gidaje kusan miliyan 2.95 suka shiga duhu. Kantuna da yawa sun rufe saboda na'urar karɓar kuɗi ba ta aiki. Rassan Seicomart kuwa wajen kashi 95 cikin ɗari sun buɗe.

Abin da suka yi ba zai ba kowa mamaki a Kano ko Maraɗi ba. Tun bayan wata guguwa da ta ɗauke wuta a 2004 aka raba wa rassa ƙaramin akwati: inbata, doguwar waya, da fitila. Ma'aikaci zai matso da motarsa bakin ƙofa, ya bar injin a kunne, ya soka inbatar a ramin kunna sigari, ta mayar da wutar batir mai bolt 12 zuwa bolt 100 irin ta gidajen Japan, a ja waya zuwa kanta. Na'urar kuɗi ta tashi, a ci gaba da ciniki da tsabar kuɗi.

Ga inda ake kuskure in za a kwaikwaya. Ramin sigari yawanci fiyus ɗinsa amp 10 ne zuwa 15, wato abin da zai iya bayarwa bai wuce wat 120 zuwa 180 ba. Ya ishi na'urar kuɗi ɗaya da fitila da cajin waya. Firij ba ya cikin lissafi, domin kwamfresa a lokacin tashi tana jan ninkin abin da take ci in ta daidaita, nan take fiyus ya ƙone. In aka kashe injin motar don tsimin mai, batir zai mutu cikin 'yan awanni. Kuma dole salansa ta kalli waje nesa da ƙofa, saboda hayaƙin na ɗauke da iskar da ke kisa ba tare da an ji warinta ba. Wato sun zaɓi su rasa kayan sanyi su ceci ciniki, kuma zaɓin daidai ne. Kicin ɗin da Maman Ilham ta ambata shi ya cike sauran: tukunyar gas ba ruwanta da wutar lantarki, sai suka yi ta dafa shinkafa suna dunƙula ta da gishiri kawai suna sayarwa, a ranar da babu inda za a samu abinci mai zafi.

Malam Na-Kwari:

Haka ne Injiniya. Amma kada Baban Khalifa ya ɗauka tsarin ba shi da rauni.

Na farko, mutanen Hokkaido raguwa suke yi. Sun kai kusan miliyan 5.7 a ƙarshen shekarun 1990, tun daga nan ake sauka, kuma ƙauyukan da kamfanin ya fi ƙarfi su ne suka fi zubewa. Masana'anta da motoci kuɗinsu ba ya raguwa don masu saye sun ragu. Wanda ke sayen kaya a wurin wasu zai iya rage oda gobe. Wanda ya gina masana'anta dole ya nemo mata baki. Wannan ne dalilin da ya sa a 2016 uwar kamfanin ta koma amsa sunan Secoma, ta ƙara ƙarfi wajen sayar da madara da askirim da sauran kayanta ga manyan kantuna da shagunan magani a wasu sassan Japan. Rassan da take da su a wajen tsibirin, a Ibaraki da Saitama, ba su kai ɗari ba, kuma jirgin fiton da ke tsakanin Tomakomai da Oarai ne ya sa kai musu kaya ke yiwuwa. Nesa da wannan layin fa'idar ta ƙare.

Na biyu, direbobi. Daga Afrilun 2024 doka ta ƙayyade wa direbobin manyan motoci ƙarin lokacin aiki zuwa awa 960 a shekara. A yankin da zagaye ɗaya ke cin yini guda, wannan na nufin ƙarin direbobi ko rage zuwa.

Na uku, wasu rassan ba kasuwa ce kaɗai ta tsayar da su ba. Na ƙauyen Shosanbetsu, mai mutane dubu ɗaya da 'yan ɗaruruwa a lokacin, an buɗe shi a 2014 bayan shugabannin ƙauyen sun yi ta roƙo, kuma sai da ƙauyen ya taimaka da fili. Na Kamishokotsu a ƙarƙashin birnin Monbetsu, a 2017, an yi shi ne bayan shagon ƙungiyar manoma ya rufe, da tallafin hukumar birnin da gudummawar mazauna, har aka ware wani ɓangare ya zama wurin jiran bas. A irin waɗannan wurare sai an rage haya ta kusa zama babu, an taƙaita awannin buɗewa, kuma garin ya kasance a kan hanyar da motarsu ke bi dama, sannan lissafin ke tsayawa.

Maman Ilham:

Ƙarin gyara kaɗan a kan kaso, don ana yawan kawo shi ba tare da cikakken bayani ba. Masu riƙe da rassan Seicomart na kansu suna ba kamfani kashi 10 cikin ɗari na ribar kaya, yayin da a 7-Eleven abin ya haura kashi 40 ko da fili da ginin na mai shagon ne. Sai dai 7-Eleven tana ɗaukar kashi 80 na kuɗin wuta da ruwa da kashi 15 na asarar abincin da aka zubar, ita kuma Seicomart ta riga ta ci ribarta tun a masana'anta da sito kafin kayan su iso shago. Duk mai son kwatanta su biyun sai ya sa waɗannan a sikeli, ya kuma duba cinikin reshe ɗaya a rana, wanda a nan 7-Eleven ce ke gaba.