Onde-onde ɗina sai fashewa yake yi a tukunya, ku agaza

Mai tambaya: Salam 'yan uwa. Shekararmu 2 a Serdang, ƙasar Malaysia, maigida na karatu. Da azumin bara maƙwabciyarmu 'yar Malay ta aiko mana onde-onde, 'yan dunƙulen nan kore masu gula melaka (sukarin bishiyar kwakwa, kamar mazarƙwaila) a ciki da kwakwa a jiki. Tun daga nan maigida bai da zance sai nasa. Yanzu surukata za ta zo Asabar, shi kuma ya riga ya cika mata baki wai na iya. Sau 3 ina yi, duk fashewa suke, ruwan ya koma kamar shayi. Wallahi ko barci ban yi ba.

Hajiya Babba: Wane gari kika sa? Ba ki faɗa ba. Tepung pulut ake sawa, garin shinkafa mai danƙo, ki kwaɓa da ruwan ganyen pandan, ganyen nan mai ƙamshi da ke sa shi kore. Ki goge sukarin ya yi laushi, ki liƙe bakin sosai, ki jefa a ruwa mai tafasa. In ya taso kamar ɗan wake, ki ƙara masa minti 2. Shekarata 9 a ƙasar nan, ba wata hanya.

Mai tambaya: Hajiya, garin tuwo na sa, wanda Ummana ta niƙo min daga Kano. Ai shinkafa shinkafa ce.

Hajiya Babba: Ƙanwata, ba ɗaya ba ne. Naki ba ya riƙewa.

'Yar Gombak: Ni dafaffen dankalin Hausa nake haɗawa, ya fi laushi. Kuma ki yi tun Juma'a ki sa a firij, ki huta.

Hajiya Babba: Firij? Zai wayi gari kamar dutse. Ranar ake yi, a turara kwakwar da ɗan gishiri kar ta yi tsami.

Uwar biyu: Ke dai kin ji daɗi, ana yaba ki. Ni wuni na yi kan alkaki, tawa surukar ko kallon farantin ba ta yi ba. Ki saya a kasuwa ki juye a kwano mana.

Mai tambaya: Anti, in ta ce na yi a gabanta fa? Ni fa ina zargin murhun nan ne, wutarsa ta cika ƙarfi.

Hajiya Babba: Garin ne.

Mai tambaya: To zan rage wuta na sake gwadawa. Mazarƙwaila za ta yi? Sukarin ya ƙare.