Neman littattafai kan tarihin Kiristanci a Jamus da yadda Jamusawa suka siffanta sama

Ɗalibin tauhidi, Kaltungo

Ina gaishe da iyayena da malamaina na wannan zaure. Ina shekarar ƙarshe a makarantar tauhidi, kuma kundin da zan rubuta ya shafi yadda Kiristocin Jamus suka fahimci sama da rayuwar da ke bayan mutuwa. Na zaɓi Jamus ne domin can aka haifi Martin Luther, jagoran gyaran coci, can kuma aka haifi Karl Kumm, wanda ya jagoranci 'yan mishan da suka sauka a Wase a 1904. Abin da ke hannuna bai wuce littafin Roland Bainton kan rayuwar Luther ba, wato Here I Stand na 1950, ga shi kuma ba na jin Jamusanci. Waɗanne littattafai ne za su taimake ni? Sannan shin siffar sama a wurinsu ɗaya ce tun farko, ko kuwa ta riƙa sauyawa daga zamani zuwa zamani?

Malamar tarihi, Gombe

Ƙanena, ta sauya ƙwarai, kuma littafin da zai fara nuna maka haka shi ne Heaven: A History, wanda Colleen McDannell da Bernhard Lang suka wallafa a 1988. Lang Bajamushe ne, kuma marubutan Jamus sun samu wuri mai faɗi a littafin. Jigonsa shi ne cewa Kiristoci sun daɗe suna kai-komo tsakanin siffofi biyu: sama wadda babu abin da ke cikinta sai ganin Allah da yabonsa, da kuma sama wadda mutum zai sake saduwa da matarsa da 'ya'yansa, ya ci gaba da wata irin rayuwa mai kama da ta duniya amma ba tare da wahala ba.

Sai dai kada ka fara daga Luther, domin kafin a haife shi a 1483 bishara ta yi sama da shekara ɗari bakwai a ƙasar. Bonifas, mai bishara mutumin Ingila, ya sare itacen tsafin gunkin Donar a Geismar wajen 723, an kashe shi kusa da Dokkum a 754, kabarinsa kuma yana Fulda. Ƙabilar Sakson kuwa da takobi aka shigar da ita Kiristanci, a yaƙe-yaƙen da Sarki Charlemagne ya yi da su daga 772 zuwa 804. Littafin Richard Fletcher, The Conversion of Europe na 1997, ya ba da wannan labari cikin Turanci mai sauƙi.

Abin da na fi so ka karanta shi ne Heliand, wata doguwar waƙa mai layi kusan 6,000 da aka rubuta cikin tsohon harshen Sakson wajen 830, wadda G. Ronald Murphy ya fassara zuwa Turanci a 1992. Mawaƙin yana magana ne da 'ya'yan mutanen da aka ci da yaƙi, saboda haka ya mai da Yesu babban sarki mai kyauta, almajiransa suka zama jarumawan da suka yi masa mubaya'a, makiyayan da mala'iku suka yi wa albishir kuma suka koma masu gadin dawakai. Sama a wurinsa fili ne mai koriyar ciyawa da haske, abin da manomi ko mai kiwo zai gane nan take. Akwai kuma gajeriyar waƙar Muspilli ta ƙarni na 9 daga Bavariya, inda rundunar mala'iku da ta shaiɗanu ke jayayya a kan ran mamaci, aka kuma siffanta Aljanna da rai marar mutuwa, haske marar duhu, da mazauni marar damuwa inda babu mai ciwo. James C. Russell, a littafinsa The Germanization of Early Medieval Christianity na 1994, ya yi amfani da irin waɗannan hujjoji ya ce al'adar ƙabilun ce ta sauya Kiristanci fiye da yadda Kiristanci ya sauya su. A ganina ya zarce gona da iri, amma ya cancanci a karanta shi a yi masa gardama.

Fasto mai ritaya, Billiri

Ɗana, Malama ta ba ka hanya mai kyau. Zan ƙara maka abin da ya shafi aikin da za ka yi in ka fita daga makaranta, wato tsayawa a bakin kabari. Ana ba da labarin Radbod, sarkin Firisiya da ya mutu a 719, cewa ya riga ya sa ƙafa ɗaya cikin ruwan baftisma sai ya tambaya ina kakanninsa suke. Da aka ce masa ba sa sama, sai ya janye ƙafarsa, ya ce gara ya tafi inda suke. Tsofaffinmu na ƙasar Tangale da Waja sun yi wa masu bishara na farko wannan tambaya, kuma har yau akan ji ta a zaman makoki, don haka kada ka ɗauke ta a matsayin tarihin Turawa kawai.

Game da Luther, ka nemi wasiƙar da ya aika wa ɗansa Hans daga Coburg a 1530, lokacin yaron yana ɗan shekara huɗu. Ya siffanta masa wani lambu mai kyau inda yara ke sanye da riguna na zinariya, suna tsintar 'ya'yan itatuwa, suna hawan ƙananan dawakai masu linzamin zinariya da sirdin azurfa. Mutumin da ya girgiza Paparoma kan takardun gafara a 1517 shi ne ya zauna ya rubuta wannan, kuma shi ne ya rungumi 'yarsa Magdalena tana mutuwa a 1542 tana da shekara 13.

Sannan akwai Philipp Nicolai, faston garin Unna, wanda annoba ta kashe masa mutane fiye da dubu a tsakanin 1597 da 1598, gidansa kuma yana kallon maƙabarta. A cikin wannan hali ya rubuta littafinsa kan farin cikin rai madawwami, wanda ya fito a 1599, ya haɗa da waƙoƙi biyu da Jamusawa ke rerawa har yau. Bayan haka Yaƙin Shekara Talatin, daga 1618 zuwa 1648, ya cika littafin waƙoƙinsu da marmarin sabuwar Urushalima. In kana son sanin abin da talakan Jamus ya gaskata game da sama, littafin waƙoƙin coci zai gaya maka fiye da littattafan farfesoshi.

Mai karatu, Yelwa, Bauchi

Baba Fasto, ku gafarce ni, ina da 'yar gyara a wurare biyu saboda masu duba kundin. Labarin Radbod ya fito ne daga tarihin wani waliyyi mai suna Wulfram da aka rubuta bayan mutuwar sarkin da daɗewa, masana kuma suna shakkar aukuwarsa, saboda haka ɗalibin ya kawo shi a matsayin abin da aka ruwaito. Wasiƙar Coburg kuma magana ce ta uba ga yaro, ba koyarwa ba ce. A wa'azinsa Luther ya fi kwatanta mutuwa da barci har ranar tashin matattu, shi ya sa McDannell da Lang suka sa shi tare da John Calvin, wani jagoran gyaran coci, a ɓangaren masu cewa Allah ne cibiyar sama, ko da yake sun yarda ya fi Calvin sassauci.

Abin da ba a ambata ba tukuna shi ne cewa Jamus ɗin nan ce ta fi haifar da masu rushe waɗannan siffofi. A 1766 Immanuel Kant ya rubuta littafi yana yi wa wahayin Swedenborg ba'a, wato mutumin Suwidin da ya ce ya ga gidaje da aure a sama. Ludwig Feuerbach, a littattafansa na 1830 da 1841, ya ce sama ba komai ba ce illa burin zuciyar ɗan Adam da ya ɗaga ya rataye a bisa kansa, kuma littafin farkon ya toshe masa hanyar samun kujerar farfesa. A 1941 Rudolf Bultmann, wanda shi malamin Sabon Alkawari ne a Marburg, ya ce mutumin zamani ba zai iya yarda da duniya mai hawa uku ba, sama a bisa, ƙasa a tsakiya, lahira a ƙarƙashi. Martanin da ya fi ƙarfi ya zo daga Jürgen Moltmann, tsohon fursunan yaƙi, a littafinsa Theology of Hope na 1964, inda ya mai da hankali kan sabuwar sama da sabuwar ƙasa maimakon tafiyar rai shi kaɗai. A ɓangaren Katolika kuma akwai littafin Joseph Ratzinger na 1977 kan mutuwa da rai madawwami, kuma dukansu biyu suna nan cikin Turanci.

Malamar tarihi, Gombe

Gyaran daidai ne, amma bai rushe maganar Baba ba, domin marubucin da ya ga dacewar sa wannan tambaya a bakin sarki ya san cewa masu sauraronsa suna yin ta. Ƙanena, abin da muka zuba maka ya fi ƙarfin kundi ɗaya, ba mu ma taɓa mata masu wahayi irin su Hildegard ta Bingen, wadda ta rayu daga 1098 zuwa 1179, ba. Shawarata ita ce ka tsaya kan Heliand da Nicolai, ka kwatanta yadda aka yi wa sabon tuba wa'azin sama da yadda aka yi wa mai makoki, sauran kuma su shiga babin shimfiɗa. Ka fara tambaya a ɗakunan karatu na makarantun tauhidi na Jos da Bukuru kafin ka kashe kuɗi, kuma ka kai wa malamin da ke duba aikinka wannan tsari tun kafin ka rubuta babi na farko.